Takun Baba Mai Awo

"Baba, lissafin nan naka bai zo daidai ba," in ji Maman Injiniya, ta ɗora masa littafin a kan gwiwa.

Tsohon yana zaune a bakin gado, ƙafa ɗaya cikin takalmi, ɗayar tana lalube a ƙasa. Ta durƙusa ta jawo masa ɗaya takalmin daga ƙarƙashin gado. Ƙofar ɗakinsa tana kallon tata, baranda ce kawai tsakaninsu. A bango akwai taswirar unguwar da ya zana da hannunsa tun yana ma'aikacin awon filaye, ga tef ɗin awo a rataye jikin ƙusa, ya yi tsatsa. Kowa a unguwar Baba Mai Awo yake ce masa.

"Wane lissafin?"

"Na lungu, daga ƙofar gida zuwa ƙofar makaranta. Watan farko ka rubuta taku ɗari huɗu da tamanin. Jiya kuma ɗari bakwai da goma sha biyu. Lungu ai ba roba ba ne, Baba. Da na zo bugawa a shago sai na mayar da su duka ɗari huɗu da tamanin, kada mutanen ofis su ce ba mu san abin da muke yi ba."

Wata shida ke nan da aka zo aka shafa jan fenti a katangun lungun. Ofishin tsara gari yana so ya faɗaɗa shi, motoci su riƙa yankewa ta nan zuwa babban titi. Ta wannan lungun ne 'yarta mai shekara biyar take zuwa makaranta kowace safiya, hannunta cikin na tsohon, domin ita uwar ƙarfe bakwai take buɗe shagon buga takardu da take yi wa aiki. Shi ne ya laƙaba wa yarinyar Injiniya, sunan ya bi ta, ya bi uwarta. Sai ga wata cibiya mai nazarin tsarin gari ta shigo maganar, masu cewa a bar wa mutane hanyar da za su je makaranta da kanti da ƙafarsu. Matar da cibiyar ta turo ta ce a tattara hujja a rubuce, ranar Alhamis za ta kawo jami'in ofis ya ga lungun da idonsa. Yau Talata.

Tsohon ya yi dariya har tari ya sarƙe shi. Ta miƙa masa ruwa.

"Kin gyara, kika ce?"

"Na gyara."

"'Yata, lungun bai ƙaru ba. Ni ne na ragu." Ya goge baki da bayan hannu. "Mayar da su yadda suke. Tef zai gaya musu mita ɗari uku da talatin, kullum haka zai ce, ba ya tsufa. Abin da ba su da shi a ofis shi ne wannan."

Ta sake buɗe littafin. Ɗari biyar da goma. Ɗari biyar da sittin. Ɗari shida da arba'in. Jiya ta karanta su a matsayin kuskure, yanzu ta ga takunsa ne yake ta gajarta. Ita ce take kawo masa abinci safe da yamma, ita take wanke masa riguna, amma ba ta lura ba.

"Yau asibiti za mu."

"Bayan an kai Injiniya."

"Ni zan kai ta."

"Ke takunki na masu sauri ne, ɓata mini littafi za ki yi."

Ba ta ci nasara a kansa ba, sai ta buga wa mai shago waya ta ce za ta makara, ta bi su.

Ba ta taɓa bin lungun a hankali haka ba. Tsohon yana da maɓallan riga a aljihun hagu, duk taku ɗari sai ya mayar da ɗaya aljihun dama, yadda suke yi a wurin aiki a da. Injiniya tana ƙirgawa da ƙarfi, idan ta kai talatin da tara sai ta koma ashirin, shi kuma leɓunansa suna motsi da nasa lissafin. Suka wuce tela yana share ƙofar shago, suka wuce matar da take shanya a igiyar da ta ratsa tsakanin tagogi biyu. Duk inda numfashi ya ƙare masa sai ya dafa bango, kuma a daidai wurin akwai ɗan layi da ya ja da alli. Ta ƙirga layukan. Biyar.

A gindin bishiyar da ke tsakiyar lungun mai gyaran takalmi ya ɗago kai.

"Ranka ya daɗe, yau har da 'yar sanda aka haɗo ka?"

"Kama ni aka yi. Kai dai gyara wa mutane takalma, ka bar sa ido."

"Naka ne ba sa lalacewa, tun da ba tafiya kake ba, rarrafe kake."

"Ka jira mota ta zo, mu ga inda za ka kai wannan akwatin naka."

Mai gyaran takalmin bai yi dariya ba. Ya ture akwatin ya ba tsohon wuri ya zauna.

A ƙofar makaranta Injiniya ta ce, "Kaka, nawa yau?"

"Ɗari bakwai da ashirin da shida. Na kusa kamo ki a yawan taku."

A asibiti likita ya daɗe yana sauraron ƙirjinsa, ya ce a kwantar da shi. Tsohon ya ce sai bayan Alhamis. Maman Injiniya ta yi faɗa, ta yi lallashi, ta kira ɗansa da ke aiki a wani gari, ɗan ya ce zai taso da safe. Suka dawo gida da magani a leda.

Ranar Laraba bai iya saka takalmi ba. Ita ta kai yarinyar, ta dawo ta ƙi zuwa shago. Wajen ƙarfe goma sha ɗaya ta kai masa shayi, ya kurɓa sau biyu.

"Kin mayar da lambobin?"

"Na mayar, Baba. Na buga kwafi uku."

"Kada ki bar shi ya tsaya a bakin lungu da takarda. Mutumin ofis in ya tsaya, ya gama yanke hukunci. Sa shi ya taka."

"To. Sha shayinka."

Ta fita ta kwashe shanya. Da ta dawo, kofin yana kan kujera, hannunsa ɗaya a kan littafin, fuskarsa tana wajen taswirar. Ta kira shi sau uku. Sannan ta rufe masa ido, ta ja mayafi, ta fita baranda ta tsaya riƙe da kayan shanyar har tela ya hango ta ya taso. Ɗansa ya iso da rana, ya tarar da maƙwabta cike da barandar.

Da yamma ɗan ya miƙo mata wani abu a tafin hannu. "Yaya, a aljihun rigarsa na gani. Ko na yarinyarki ne?"

Maɓallai ne. Ta ƙirga su, takwas. Ranar Talata bakwai ya yi amfani da su, na takwas ya tanada ne don ranar da takunsa zai kai ɗari takwas.

Alhamis da safe matar cibiyar ta zo da jami'in, matashi ne mai farar riga da fayil a hammata. Ya yi mata gaisuwar rashi, ya tsaya a bakin lungu yana duba takardar da ta buga.

"Malama, ki yi haƙuri, waɗannan lambobin ba su yi daidai da juna ba. Hanya ɗaya ba ta da tsawo shida."

"Ni ma haka na ce." Ta jawo Injiniya gabansa. "Yallaɓai, ba gardama zan yi da kai ba. Ga 'yata, riƙe mata hannu ka kai ta makaranta. Ƙarfe takwas ake rufe ƙofa."

Ya dubi matar cibiyar, ita kuma ta karɓi fayil ɗin daga hannunsa.

Taku goma na farko ya kusa jan yarinyar a ƙasa. "Kawu, kana sauri!" in ji Injiniya. Ya rage. Ta nuna masa yadda ake mayar da maɓalli, ta tsayar da shi a kowane layin alli domin a nan Kaka yake hutawa, ya tsaya. A gindin bishiya wani mai babur ya shigo da gudu, kafin uwar ta motsa jami'in ya riga ya jawo yarinyar jikin bango ya kare ta da jikinsa, farar rigarsa ta kwashi jan fenti da ƙura.

"Wannan babur ɗaya ke nan," in ji mai gyaran takalmi, bai ɗago daga ɗinkinsa ba.

A ƙofar makaranta jami'in ya daɗe yana kallon takardar. "Ban yi alkawari ba," ya ce. Ya naɗe ta ya saka a aljihun ƙirji, ba a fayil ba.

Sai da aka yi wata biyu. Wata safiya ma'aikata uku suka zo da siminti, suka kafa turakun ƙarfe biyu a bakin lungun, tazarar da keken jariri zai wuce, mota ba za ta wuce ba. Wani ya bi katangu da farin fenti yana rufe jan. Da ya zo kan layukan alli, Maman Injiniya ta ce ya tsallake su.

Yanzu bakwai da rabi take buɗe shago. Ranar Litinin suka isa ƙofar makaranta, Injiniya ta zaro hannu daga aljihun dama ta nuna bakwai, sannan ta lalubi na hagu.

"Mama, saura ɗaya."

"Bar shi nan."

Yarinyar ta mayar da shi, ta dafe aljihun da tafin hannu, ta shige ciki a guje.