Kantar Matafiya

Sallau yana cikin liƙa bangon wani littafi da ya yage sai Jamilatu mai abincin bakin titi ta leƙo ta taga, ta ce motocin ƴan Aljeriya sun iso, suna sauke mutane a filin bayan tasha. Bai tsaya wanke gam ɗin da ke hannunsa ba. Ya ja ƙofar ɗakin karatun, ya manta da kwaɗo, ya kama hanya yana jan ƙafarsa ta hagu wadda ta shanye tun yana yaro.

Ɗansa na fari, Iliyasu, ya bar Matameye bayan girbi tare da abokinsa Zakari, suka nufi arewa neman aiki. Sun kira daga Agadas, sun kira daga Arlit, daga nan shiru. Duk sanda aka kwaso waɗanda aka koro daga Aljeriya, Sallau sai ya je ya tsaya yana duba fuskoki ɗaya bayan ɗaya. Yanzu ga bazara ta yi tsakiya.

Mutumin nan fa bai taɓa wuce Damagaram ba, amma in ka ji yana maganar teku sai ka rantse a cikin jirgin ruwa aka yanke masa cibi. Shi ne mai kula da ɗakin karatun gari, wanda yara ke kira biblotek. An koya masa yadda ake jera littattafai, ya ji, ya ajiye. Sai ya ware kanta guda kusa da taga, ya tara mata duk littafin da wani ya bar gida a cikinsa, na Faransanci da na Hausa da ake kawowa daga Kano. Akwai maharbin da ya bi dodo cikin daji, da yarinyar da ke neman ubanta bayan yaƙi, da tsohon da ya tafi Makka a ƙasa, har da wasu da suka hau jirgi zuwa wata. Ya sa mata suna kantar matafiya, kuma a gindinta Iliyasu da Zakari suka girma. In yaro ya tambaye shi me ya sa duk jaruman sai sun bar gida, yakan yi dariya ya ce, "To wa ka taɓa gani an rubuta littafi a kansa don ya zauna? Wanda ya zauna, shafi biyu ya mutu."

Filin ya cika da mata da yara da ƙullin kaya. Ma'aikata suna ta kiran sunaye, ba mai jin su. Sallau ya zaga manyan motocin sau biyu kafin ya gane wanda ke zaune jingine da taya. Zakari ne, ya rame ya yi baƙi, ga sanda a gefensa.

"Zakari."

Yaron ya ɗago, ya yunƙura zai durƙusa. "Baba."

"Zauna, zauna. Sannu da hanya, kun sha wuya." Sallau ya duba hagu, ya duba dama. Ko a nan bakinsa ya ƙi kama sunan ɗan fari. "Ina abokin naka? Wata mota aka sa shi?"

"Baba, mu koma inuwa."

Sallau ya kama hannunsa ya tayar da shi. Suka lallaɓa zuwa gindin wata bishiyar dogon yaro, kowa yana jan ƙafarsa, suka zauna a ƙasa.

Zakari ya ba da labarin kansa a sunkuye. Bayan Arlit direbansu ya saki babbar hanya don ya kauce wa masu bincike, motar ta mutu a tsakiyar rairayi. Direban ya bi wata mota da ta biyo, wai zai kawo kayan gyara, ba su ƙara ganinsa ba. Shi Zakari tun kafin nan ya faɗo daga saman kaya ya karye. Ruwa ya yi ƙasa, ga mata, ga jarirai.

"Akwai wani dattijo ɗan garin Icirnawa a cikinmu, ya saba hanyar. Ya ce kada kowa ya bar mota. Ya ce masu nema mota suke hangowa, ba sa hango mutum. Duk muka yarda. Abokina kaɗai ya ce a'a."

"Ya ce me?"

"Ya ce ya ji direba yana cewa akwai rijiya ta gabas. Ya ba wata mai goyo ruwan da ya rage masa, ya ɗauki bido biyu wofi, jarkokin ruwan nan, ya rataya. Na riƙe masa riga, Baba, wallahi na riƙe. Sai ya yi dariya ya ce, 'Kai, ka manta abin da Baba ke cewa? Wanda ya zauna, shafi biyu ya mutu. Ai daidai nan ne ake haɗuwa da tsoho mai raƙumi.'"

Sallau ya dubi hannunsa. Gam ɗin ya bushe a yatsunsa, ya shiga ɓamɓare shi.

"Washegari da yamma sojoji masu sintiri suka tsince mu. Ba wanda ya mutu cikin waɗanda suka zauna, har jariran. Na roƙe su, suka bi sawunsa da mota har inda iska ta share. Bido ɗaya suka samu. Suka ce babu rijiya ta wajen, ba a taɓa yi ba."

"Ba su gan shi ba."

"Ba su gan shi ba. Daga nan aka kai ni asibiti a Aljeriya, da na ji sauƙi aka haɗa ni da waɗanda ake korowa. Na ɗauki waya in kira ka ya fi a ƙirga, na kasa." Zakari ya share ido da bayan hannu. Ya ga fuskar tsohon, ya so ya ba shi wani abu da zai riƙe. "Amma bai tafi da tsoro ba, Baba. Yana murna ya tafi. Har waiwayowa ya yi ya ɗaga mini hannu."

Da ma yaron ya zage shi, da ya fi masa sauƙi. Sallau ya ce, "Allah ya ba ka lafiya," ya dafa kansa, ya tsayar masa da ɗan kabu-kabu ya kai shi gidansu.

Ya biya ta biblotek don ya rufe. Ƙofar tana nan ba kwaɗo yadda ya bar ta, littafin da yake liƙawa yana kan tebur. Ya daɗe tsaye gaban kantar matafiya. Ya san kowane littafi a cikinta, ya kuma san abin da suke yi da wanda ya ɓace ba a ga gawarsa ba. Yakan ɓullo a babin ƙarshe, da gemu, a kan raƙumin wasu makiyaya. Da wannan yake lallashin matarsa Shekara tun da wayar ta yi shiru. Ita ba ta karatu, amma ta yarda mijinta ya karanta duk abin da aka rubuta a duniya, don haka in ya ce yaro zai dawo, sai ta tashi ta ɗora tukunya. Ya miƙa hannu kamar zai zubar da kantar, ya fasa. Ya ji tsanar littattafan, ya fi jin tsanar bakinsa. Ya sa kwaɗo ya tafi.

Shekara tana tsakar gida tana tankaɗe. Tun ranar suna ba ta taɓa kiran sunan ɗan nan ba, kunyar ɗan fari ta hana. "Yaron nan" take cewa, ko "wancan." Ko filin ba ta taɓa zuwa ba, kada a ce ta fito neman ɗanta. Ta dubi fuskar mijinta, ta ajiye rariya.

"Malam, an ce motoci sun zo."

"Sun zo. Zakari ya dawo."

Ta jira. Ya zauna a kan turmi ya gaya mata, motar da ruwan da bidon da aka tsinta. Maganar shafi biyu ma bai ɓoye ba. Ta saurara ba ta motsa ba, gari fari a hannunta har gwiwar hannu.

"Amma ba su gan shi ba," ta ce.

"Ba su gan shi ba."

"To ai ka ce wanda ba a ga gawarsa ba yana dawowa. Ka ce duk haka suke ƙarewa."

Tana kallonsa yadda yara ke kallonsa a gindin kanta. In ya ce haka ne, za ta ɗauki rariyarta ta ci gaba, za ta yi ta jin ƙarar kowace mota har ƙarshen rayuwarta. Kalmar ta zo masa har baki, ya saba da ita.

"A littafi ne, Shekara," ya ce. "Ciro mini tabarmi, in shimfiɗa a ƙofar gida. Zan je in gaya wa liman."

Ta tashi ta shiga ɗaki. Ya ji tana jawo tabarmin daga bayan gado, ta shiga ɗakin yaron ta naɗo tasa ita ma. Ta same shi a zaure ta miƙa masa. Ya kama, ita kuwa ba ta saki ba.

"Iliyasu," ta ce a hankali, kamar mai gwada ko sunan zai zauna a bakinta.

Sai ta sake kira da ƙarfi, har sautin ya haura katanga. A gidan maƙwabta aka daina daka.