Guɗar Sitt Bahiga

Ranar Talata ce, Alƙahira ta tashi da yayyafi mai sanyi, irin wanda ke sa masu sayar da dafaffen wake su ja kekensu ƙarƙashin baranda. Sitt Bahiga ta sauko daga bas ɗin Giza tana tattare bakin mayafinta kada ya taɓa taɓo.

Ba mai sanin sunanta a titi, amma duk wanda ya taɓa shiga silima ya san guɗarta. Ita ce maƙwabciyar nan mai jiki da ke tsayawa bayan amarya a fina-finai, ta kifa hannu a kan leɓe ta rangaɗa. Yanzu murya ta dushe, kiran aiki ya ɗauke. Sai jiya aka aiko wai ana son ta a wani wasan talabijin. Tsayuwa kawai za ta yi, tsohon tef ɗin guɗarta za a saka.

Tef ɗin ne ya fito da ita cikin ruwa. An ɗauke shi tun ita kanta tana amarya. Ranar, mijinta Abdel-Shafi mai haska fitila yana can saman katako, da ta dire guɗar sai ya manta ana ɗauka, ya ce da ƙarfi, "Allah ya bar min ke, Bahiga." Ya sha zagin darakta. Bara ya rasu, kuma kwanan nan in ta nemi muryarsa a kanta, ba ta zuwa.

Da ta isa gidan talabijin ɗin, ta wuce kai tsaye ɗakin sauti, wurin Usta Ramzi, wanda aka kawo daga gidan rediyo bayan rasuwar mijin nata.

"Maraba da uwar amaren Masar," in ji shi. "Kin aurar da rabin ƙasar nan, ni kin bar ni gwauro."

"Wa za ta ɗauke ka da waɗannan kunnuwan? Saka min tef ɗin, Usta, kafin a kira ni."

"Kewar kanki kike yi?"

"Saka dai."

Ya murɗa. Guɗar ta cika ɗakin, siririya, doguwa, ta yarinyar da ba ta taɓa binne kowa ba. Bahiga ta dafa tebur, ta matso da kunne. Guɗar ta sauka. Sai tsit.

"Bar shi ya ci gaba."

"Ai ya ƙare."

"Da saura. Akwai magana a bayanta."

"Au, wannan? Wani ƙato ne ya kwatsa baki a ƙarshe, kullum sai ya ɓata mana aiki. Tun azumi na sa masa almakashi." Ya yi murmushi. "Na tsabtace miki ita tas."

"Guntun fa?"

Ya dubi kwandon shara, ya dube ta. "Haba Sitt Bahiga, tun azumi fa. Ɗan'uwanki ne?"

"Mai fitila ne," ta ce. "Sannu da aiki."

A filin ɗauka an jera fitilu masu launi, an zaunar da amarya a kujera. Darakta, ɗan saurayi mai gilashi, ya kama kafaɗarta ya gyara mata tsayuwa.

"Inna, hannu a baki kawai. Kada ki fitar da sauti, muna da mai kyau."

Ta kifa hannu a kan leɓe, ta motsa harshe. Muryarta ta da ta tashi daga lasifika, 'yan biki suka hau tafi. Da ta sauka, Bahiga ta ɗaga kai sama. Wani baƙon mutum ne a kan katakon, yana ɓare gyaɗa.

"Ya yi," in ji darakta. "Sau ɗaya ya isa."

Abin da aka rasa ba shi da yawa: tef kamu ɗaya, kalma shida, da muryar da ta faɗe su.