Fuskar Goggo

Ƙa'idata ɗaya ce a sana'ar nan: duk wanda na ɗauka a fim, shi zai fara kallon kansa kafin duniya ta gani. Abokan aikina na yi min dariya, wai na mayar da ɗakin tace fim wurin sulhu. Su yi ta yi.

Wata bakwai na yi da kyamarar aro ina bin matan da ke share babban titi. Kamfanin sharar ya ƙi ba su riga mai ƙyalli, har mota ta kaɗe ɗayarsu ta karya mata ƙugu. Duk suka yi gum, sai babbarsu da suke kira Goggo. Ita tura ta kai ta bango. Ta zauna a bakin kwalbati ta zayyana min komai.

Sai mai kula da su ya aiko min saƙo: duk wadda fuskarta ta fito a fim, ta ajiye tsintsiya. Ga Goggo da jikoki uku a hannu. Tsoro ya kama ni. Na dusashe fuskarta, na kaurara muryarta, har ina yaba wa kaina da dabara.

Ranar kallo mata tara suka cika ɗakina, wasu a ƙasa, wasu a gefen katifa. Na kunna kwamfuta. Da aka zo wurinta, Goggo ta matso tana ƙanƙance ido.

"Tsaya, 'yar nan. Wace ce wannan mai muryar ƙato?"

Sauran suka kwashe da dariya. Ita ko murmushi ba ta yi ba.

"Ke ce, Goggo. Na ɓoye ki ne saboda aikinki."

"Wa ya aike ki?"

Na buɗe baki zan yi bayani, ta ɗaga min hannu.

"Shekara goma sha tara ina kan titin nan. Masu mota na wucewa, babu wanda ya taɓa duban fuskata, shi ya sa suke kaɗe mu kamar buhun shara. Na ce yau ga wadda ta tsaya ta dube ni. Ashe ke ma share ni kika zo yi."

Kunya ta rufe ni, wallahi, kamar in nutse.

"Idan suka kore ki fa, Goggo?"

"Su kora! Tsintsiyar ma daga gida nake zuwa da ita. Amma su san wadda suka kora."

A gabansu na cire abin da na rufe ta da shi, na mayar mata da muryarta. Fuskarta ta fito tas, da tabon goshi da giɓin haƙori. Ta daɗe tana kallo, ta gyara ɗankwali kamar a gaban madubi take.

"Yauwa. Saura ki rubuta sunana a ƙasa, da manyan baƙaƙe. Mai kula da mu ba ya gani sosai."