Sabuwar Manhaja a Tsohon Suwic

A gida Auta ake ce mata, amma a kamfanin jigilar kaya inda yayanta yake manaja, Injiniya kowa ke kiranta. Shi ya tsaya mata har aka ba ta aikin kula da suwic-suwic ɗin kamfanin, wato akwatunan da ke raba intanet zuwa kowane ofis. Sun tsufa, fankokinsu na gurnani kamar injin niƙa, manhajar cikinsu kuma ta isa sauyi.

Iri biyu ta samu. Ɗaya ta daɗe a hannun jama'a, an san halinta. Ɗayar sabuwa ce fil, har da gargaɗin cewa tana iya yi wa tsofaffin na'urori nauyi. Auta ta karanta gargaɗin, ta kau da kai. Ta gaji da raɗe-raɗin cewa hanya ce ta kawo ta, so take a ga ta san na zamani. Ranar hutu ta ɗora sabuwar a kan dukkansu, ko gwaji a guda ɗaya ba ta yi ba.

Da aka dawo aiki kowa ya kunna kwamfuta, sai suwic-suwic suka shiga mutuwa suna tashi. Takardun lodi suka ƙi fita, direbobi suka cika haraba suna danna hon. Tana durƙushe a ɗakin na'urori, gumi na ɗiga a kan wayoyi, mai kamfanin ya leƙo, Yaya na biye da shi.

"Wa ya taɓa su?" in ji mai kamfanin.

Kafin ta buɗe baki Yaya ya ce, "Ni na matsa mata, ranka ya daɗe. Ta ce a bi a hankali, na ce ta yi sauri."

Ba su taɓa yin wannan maganar ba. Tana ji mai kamfanin ya wanke shi tas a gaban ma'aikatan da ke rusuna masa kullum, shi kuwa sai haƙuri yake bayarwa.

Ta cire suwic ɗaya, ta ɗora masa tsohuwar manhajar da ta raina, ta jira har ta tabbatar ya zauna daram, sannan ta bi sauran ɗaya bayan ɗaya. Kafin la'asar fitilunsu duk sun koma kore, motoci suka fara fita.

A mota, kan hanyar gida, ta kasa haɗa ido da Yaya.

"Yaya, me ya sa ka ɗauka?"

"Ni in an yi min faɗa, gobe an manta. Ke kuwa cewa za a yi dama an faɗa."

"Na ga gargaɗin fa. Da idona na gani."

"Na sani," ya ce, yana kallon titi. Can ya miƙa mata hankici. "Share fuskarki kafin mu isa. In Mama ta gan ki haka, ni za ta kama, kuma kin san ita ba ta sauraron bayani."