Kan Saminu Babu Hula

Haliru ne ya fara jin Sinanci a gidansu, kuma ba ya son a manta da wannan. Shi ya fara aiki a kamfanin Sinawan da ke fasa dutse a bayan garin Rano, tun lokacin da ake yi masa dariya idan ya dawo gida fari fat har gashin ido. A bakin injin ya tsinci yaren: kawo, ɗaga, tsaya, yi a hankali, zo mu ci abinci. Da aka nemi ƙarin ma'aikata, shi ya je Kibiya ya goyo ƙaninsa Saminu a babur, ya kai shi gaban Oga Lin, shugaban wurin, ya ce ya tsaya masa.

Sai dai Saminu irin mutanen nan ne da kunnensu ba ya zubar da komai. Kafin a ankara ya wuce kawo da ɗaga, ya koma hira da Sinawan har da ƙyaƙyata dariya, yana karanta rubutun nan nasu mai kama da sawun kaji. Aka ɗauke shi daga rana aka kai shi ofis ya zama tafinta. Da tafiya ta kama Oga Lin zuwa Italiya sayen sabon inji, Saminu ya ɗauka, don ya ga yadda ake sarrafa shi ya dawo ya yi wa ma'aikata bayani da Hausa. Shi kuwa Haliru kafaɗa aka dafa masa, aka ce shi kaɗai za a iya bar wa wurin a tafi hankali kwance. Yabo ne, babu shakka, amma a rana aka bar shi da yabon nasa.

Tafiyar ba ta ci masa rai kamar aiken da ta jawo masa ba. Mahaifinsu Malam Shitu, tsohon magini ne na soro da azara wanda gwiwa ta zaunar, kuma wayarsa 'yar ƙarama ce mai tocila. Saboda haka duk abin da Saminu ya aiko, a wayar Haliru yake sauka. Ya tashi daga aiki a gajiye, ya hau babur daga Rano zuwa Kibiya, ya durƙusa a zaure ya gai da tsohon, amma maimakon a tambaye shi hanya sai ya ji: "To, me yaron nan ya aiko?" Ya kunna, a ga Saminu a jirgi, a ga Saminu yana juya taliya da cokali mai yatsu, Baba ya yi ta murmushi yana cewa Allah ya yi masa albarka, a gaban duk wanda ke zaune.

Haliru ne mai yaɓen katanga kafin damina, shi ne mai kawo maganin gwiwa, shi ake kira idan akuya ta ƙi cin abinci. Bai taɓa jin an sa masa albarka da suna a gaban mutane ba. Kishi ne ke cinsa, ya sani, kuma sanin bai rage masa komai ba. Ya kai ga ba ya ma neman a yabe shi. Abu ɗaya yake so: sau ɗaya tak a ambaci sunan Saminu, fuskar Baba ta ɗaure.

Ranar Lahadi abin da yake jira ya iso. Yana zaune a tsakar gidansa da hantsi, matarsa Afra'u na tsince shinkafa, sai ga dogon bidiyo. An gama cinikin inji, Oga Lin ya sa su cikin ayarin Sinawa masu yawon buɗe ido a birnin Rum, ana zagayawa da su manyan coci-coci ana yi musu bayani da Sinanci. Jagorar wata 'yar guntuwar mace ce da ƙaramar tuta a kan sanda, kowa da abin saurare a kunne, ga Saminu a tsakiyarsu zanƙalele cikin shuɗin kaftani da hula. Oga Lin ne ke ɗauka. A bakin wata ƙatuwar ƙofa wani mai gadi ya nuna kan Saminu da yatsa. Saminu ya cire hular, ya ninke ta, ya sa a aljihu, ya shiga.

Haliru ya mayar da wurin baya ya sake kallo.

Ciki kuwa ba a magana. Mutum-mutumi na farin dutse ko'ina, wata mace ta rungume gawar namiji a cinyarta, ninkin mayafinta kamar ka taɓa ya motsa. Zane a bango, zane a sama. Jagorar tana ta zuba, Haliru ya kasa kunne iya kasawa, bai tsinci komai ba sai "duba" da "yi a hankali". Can sai Saminu ya ɗaga hannu ya yi wata doguwar tambaya, ayarin ya kwashe da dariya, jagorar ta ɗaga masa babban yatsa. Yaren da shi Haliru ya fara sa masa a baki ne ake wannan raha da shi, shi kuma ko inda dariyar ta dosa bai sani ba.

Afra'u ta leƙo ta bayan kafaɗarsa ta ce, "Wannan gini haka, ai Baba zai so ya gani."

Ya ce, "Zai gani."

Ta dube shi, ta dubi inda ya tsayar da hoton. Ta ce, "Baban Salma, ka nuna masa kawai. Kada ka faɗi abin da ba a tambaye ka ba."

Ya sa wayar a aljihu. Kowa a Kibiya ya san Malam Shitu da zancen hula. Ɗansa ba ya zuwa gabansa kai a buɗe. Shi kansa Haliru, da aurensa da 'yarsa, an taɓa mayar da shi daga bakin zaure ya je ya nemo hula kafin a amsa gaisuwarsa. To, ga Saminu ya tuɓe tasa don wani mai gadi ya nuna shi da yatsa, kuma a ƙofar coci.

Ya ƙi tafiya da wuri. Ya jira sai bayan la'asar, lokacin da ya san Malam Ramalan yana zauren. Malam Ramalan abokin Baba ne tun ƙuruciya, mutumin kirki, illarsa ɗaya labari ba ya kwana a cikinsa.

Ya same su a kan tabarma. Ya gaishe su, aka yi masa tambayar da ya saba ji, ya matso ya kunna. Da aka zo bakin ƙofar ya danna ya tsayar, ya ja hoton da yatsu biyu har kan Saminu ya cika fuskar wayar.

Ya ce, "Baba, nan coci ne za su shiga. Ka ga an ce ya cire hula, ya cire."

Malam Ramalan ya miƙo wuya ya gyara tabarau. Ya ce, "Coci? Shi Saminun? Ikon Allah. Har a aljihu ya sa ta."

"Ciki ma duk gumaka ne, Malam," in ji Haliru.

Ya saci kallon mahaifinsa. Fuskar ba ta ɗaure ba, ba ta kuma saki ba. Tsohon ya ce, "Wuce."

Bidiyon ya ci gaba. Aka wuce fararen duwatsun, aka wuce dariyar. Daga nan Saminu ya karɓi wayar daga hannun Oga Lin ya ɗaga ta sama, sai ga rufin ginin, wata irin tulluwa mai zurfi da haske ke zubowa ta tsakiyarta.

"Tsaya," in ji Baba. "Mayar da shi baya."

Ya ture matashin da yake jingine da shi, ya miƙe ƙafafu da ƙyar yana cije leɓe, ya kwanta rigingine a kan tabarma. Haliru ya san wannan kwanciya. A zamanin da Baba ke aiki, idan ya gama soro ba ya bari mai shi ya shiga sai shi ya fara kwanciya a ƙarƙashin rufin, ya bi kowane baka da ido tun daga gindinsa har inda ya haɗu da 'yan uwansa. In zai faɗo, a kansa zai fara faɗowa. Shekarun da Haliru ya yi yana kwaɓa masa ƙasa da miƙa tubali, a gefensa yake kwanciya. Saminu a lokacin yana makaranta.

Baba ya ce, "Ɗaga mini ita sama."

Haliru ya tashi tsaye, ya sunkuya, ya kifa fuskar wayar saitin idon tsohon. Malam Ramalan ya ɗan zauna, ya ga hirar ta bar inda yake so, ya jawo takalmansa ya ce bari ya leƙa bakin masallaci.

Suka rage su biyu. Hoton yana yawo a kan mutane masu fukafukai da gajimare da ruwan zinariya, muryar jagorar na tashi ƙasa-ƙasa. Baba ya yi tsaki.

Ya ce, "Yaron nan zane yake kallo. Sai bin fenti yake yi. Wannan nauyi duk a ina ya sauka? Bai nuna gindin ba."

"A kan ginshiƙai huɗu ne, Baba."

Maganar ta fita kafin Haliru ya yi shawara da kansa. Ya kalli bidiyon nan tun hantsi har ya rasa adadi, yana neman abin da zai kama ƙaninsa da shi, amma idon da aka horar a ƙarƙashin soraye ya yi nasa aikin ba da izininsa ba. Ya ja hoton baya zuwa wurin da ayarin ke tsaye ana dariya. Can a bayan kan Saminu, ga ginshiƙi ɗaya, kaurinsa ya fi ɗakin wani.

Ya ce, "Ga ɗaya nan. Ɗayan yana ta hagu, za ka ga gefensa in ya juya. An ɗaura baka daga wannan zuwa wancan, duk kusurwa huɗun. Sannan aka cike tsakaninsu aka mayar da shi zagaye, tulluwar ta zauna a kai."

Baba ya daɗe yana kallo. Ya ɗaga hannu yana bin layin bakan a iska da ɗan yatsa, kamar yadda yake yi a da.

Ya ce, "Haka ne. Wanda ya yi wannan ya kwanta a ƙarƙashinsa, ko wane ne shi." Ya nisa. "Da kai ka je, da ka kwanta a ƙasa ka ɗauko mini shi yadda ya kamata, ko da za su kore ka."

Shekara da shekaru Haliru yana jiran magana irin wannan, ga ta ta zo, kuma ya ji daɗinta har cikin ƙashinsa.

Tsohon bai ɗauke ido daga wayar ba. Ya ce, "Tun ranar da yaron nan ya tafi nake gaya wa Ramalan, wanda ya san gini shi aka bari a gida. Har ya gaji da ji. Yau ka ba shi sabon labari."

"Baba, ni dai na ga..."

"Na san abin da ka gani. Hular, in ya dawo ni da shi ne. Gidan mutane ya shiga, ya bi dokar gidan, zan ji daga bakinsa." Ya gyara kwanciya. "Kai kuwa, ido irin naka, an buɗe maka wannan rufi, ka rasa inda za ka tsayar da shi sai ƙoƙon kan ƙaninka."

Kunya ta rufe Haliru, ya rasa inda zai sa fuskarsa, ya juya ta wajen ƙofa. Daga inda yake sunkuye ana hango bakin masallaci. Malam Ramalan yana tsaye, mutane sun kewaye shi. Haliru yana kallo ya kai hannu ka, ya cire hularsa, ya ninke ta a hankali, ya sa a aljihu don kowa ya ga yadda aka yi.

Daga ƙasa Baba ya ce, "Riƙe da kyau. Ka karkatar da ita."