Ratar Mita Tara

Bai gama mayar da numfashi ba aka kira sunansa a lasifika: Callum Petrakis, ana nemansa a tantin alƙalai. Ya tsallake igiyoyin da suka raba layukan gudu. Ɗaya daga cikin waɗanda ya kayar a zagayen share fage ya tofar da yawu a ciyawa.

"Mai amalanken ƙanƙara! Ashe ƙafar ta warke?"

Callum ya wuce.

Noelene Hurst, shugabar alƙalai, ba ta ce ya zauna ba. A gasar gudun bikin Ista ta garin nan ba a tashi daga layi ɗaya. Kowa ana ba shi rata gwargwadon gudunsa na baya, mai nawa a gaba, mai sauri a baya. Ita ta ba Callum mita tara.

"A watan Maris sau biyu ka yi gudu kamar mai dakon buhun dankali," ta ce. "Yau kuma kamar an biyo ka da wuta. Wanne ne kai?"

"Duka biyun, Madam. Wata huɗu na yi a Turai ina tura keken tseren da ke sulɓi a kan ƙanƙara. Kilo takwas na ƙara saboda aikin. Yanzu na zubar."

"Kwana nawa da saukarka ka yi gudun farko?"

"Biyu."

"Wa ya sa sunanka?"

Callum ya san amsar. Merv Donnelly ne, kocinsa tun yana ɗan shekara goma sha uku. Gudu na biyun ma, ana gobe Merv ya sa shi ɗaga ƙarfe har cinyoyinsa suka yi rawa, ya ce, je ka motsa jini kawai, ɗana.

"Da safen nan, tun kafin a ga ƙafarka, wani ya bi 'yan cacan filin nan ɗaya bayan ɗaya yana zuba kuɗi a kanka," in ji Noelene. "In na rubuta ka ɓoye gudu, ba zagayen ƙarshe kaɗai ka rasa ba. Takardar za ta kai ga masu keken naka, kuma ka san ba sa ɗaukar mai tabo. Minti goma. Ka dawo mini da suna, naka ko na wani."

Ya tarar da Merv a rumfar gashin nama, yana cin nama da albasa cikin burodi.

"Me tsohuwar ta ce?"

"Baba Merv, me ya sa na ɗaga ƙarfe ana gobe gudu?"

Merv ya goge baki da bayan hannu. Bai kalle shi ba.

"Ka ɓoye gudu?" in ji Merv.

"A'a."

"To je ka rantse mata, gaskiyarka ce. Shi ya sa ban gaya maka ba, sakarai. Shekara talatin ina kawo yara filin nan ina komawa da ƙura. Kai dai tura. Tuƙi nawa ne."

Callum ya dubi hular tsohon. Bakin wata 'yar takardar caca ya leƙo daga ƙarƙashinta.

Haka yake a ƙanƙara. Ya tura da dukkan ƙarfinsa, ya faɗa bayan direba, ya cusa kai tsakanin gwiwoyi. Ba ya ganin hanya, ba ya ganin kwana, sai dai ya ji su a haƙarƙari. Abu ɗaya ne nasa a cikin keken: birki.

Ya koma tantin.

"Ban zo da suna ba, Madam. Ratar na kawo miki. Mayar da ni mita huɗu, inda nake bara."

Ta daɗe tana dubansa ta saman tabarau.

"Daga huɗu ba za ka ci ba."

"Na sani."

"Wa kake rufa wa asiri?"

"Ƙafata dai tawa ce. Ita kika tambaya."

Ta ja layi a kan tara, ta rubuta huɗu. "Ban ce na yarda da kai ba."

Da aka sanar a lasifika, hayaniya ta tashi a wajen 'yan caca. Callum ya ɗauki matakin da yake tokara ƙafa a kai wajen tashi, ya ja shi baya mita biyar, ya kafa. Duk sauran 'yan gudun biyar suna gabansa yanzu, bayansu kawai yake gani. Can jikin shinge Merv ya cire hula, yana juya ta a hannu.

Mai harba bindigar fara gudu ya ce a durƙusa. Kowa ya sunkuyar da kai. Callum ya bar nasa a ɗage.