Inna Ɗela da Haƙoran Rogo

Rilwanu Hamissou ya bar lakwal, wato makaranta, tun yana aji uku a kolej, ya kama aiki a wani gidan kallo da ke bayan kasuwar Magariya. Aikinsa shi ne tada gurup mai ba da wuta, sa kaset, da korar awaki daga bakin ƙofa. A nan ya lura da wani abu. In aka sa fim ɗin soyayya, mutane hira suke yi suna ɓare gyaɗa. In kuwa na tsoro ne, sai ɗakin ya yi tsit, ka ga ƙato ya ƙanƙame benci. Wannan shirun ne ya shiga ransa, ya ce shi ma sai ya sa jama'a sun yi irinsa.

Fim ɗinsa na farko da kyamarar wani mai ɗaukar biki ya yi shi. Ya haɗa dodo da fatar akuya da ƙahon sa. Ana tsakiyar kallo ƙaho ɗaya ya karkace ya rufe wa dodon ido, aka yi ta dariya har da masu faɗuwa ƙasa. Tun daga ranar ake ce masa Mai Dodo.

Matarsa Hinda, wadda ke yi wa amare lalle da kwalliya, ita ce ta faɗa masa gaskiya.

"Malam, dodonka ba ya ba da tsoro saboda an gan shi duka. Kuma ka bar mini fuskoki, wannan aikina ne."

Da yake ba shi da fitilun ɗaukar hoto, sai ya koma yin aikinsa da rana tsaka, lokacin da gero ya fi mutum tsawo, gari ya yi shiru, ba ka jin komai sai iska cikin ganye. Ya gano wannan ma yana tada tsigar jiki. Abin da ya rage masa shi ne wanda zai tsaya cikin geron.

A kasuwar Bande ya same ta. Wata tsohuwa ce mai sayar da man gyaɗa da ƙuli-ƙuli, sunanta Ɗela, daga wani ƙauye can gefen Kwaya. Wani mai saye ya raina mata kaya, ta ɗago ta yi masa kallo ɗaya, mutumin ya ajiye kwalbar a hankali ya wuce. Rilwanu ya durƙusa ya gaishe ta, ya faɗi buƙatarsa.

"Ni a fim?" in ji ta. "Ɗan nan, ni ko hoto ban taɓa yi ba sai na katin zaɓe."

Sai da ya je har ƙauyen a kan moto, ya gaida Maigari, ya nemi yardar 'ya'yanta, sannan ta amince.

Labarin na wata tsohuwa ne da ke kiran sunan mutane daga cikin gona, duk wanda ya amsa ba ya dawowa gida. Hinda ta shafa wa Ɗela toka da baƙin tukunya, ta fiƙe rogo ta yi mata haƙora, ta dama zoɓo mai kauri ya zama jini. Ɗela ba ta buƙaci koyarwa ba. Da ta kira sunan farko, mai riƙe da kyamara sai da ya ja da baya.

Fim ɗin ya bazu. Masu tura wa mutane fim a waya suka kai shi Dungas, ya tsallaka Babura da Maigatari, har wani ɗan kasuwa ya kira daga Kano yana son na gaba. Rilwanu ya buɗe ɗan kamfaninsa, ya sayi kyamara tasa da ordinata, wato kwamfuta. A gidan kallon da ya taɓa yi wa aiki, ya tsaya bayan mutane yana sauraron shirun da ya daɗe yana nema.

Bayan kaka ya je kasuwar Bande da atamfa zai kai wa Ɗela, ya tarar wata ce zaune a wurinta. Aka ce ta daina zuwa. Ya juya moto ya nufi ƙauyen.

Ya same ta zaune a tsakar gida, kwalaben mai jere a inuwa, ba a taɓa ko ɗaya ba. Ta amsa gaisuwarsa a taƙaice.

"Inna, lafiya?"

"Lafiyar ke nan. Mata na janye 'ya'yansu in na zo rijiya. Ɗiyar Falmata maƙwabciyata ta yi zazzaɓi, an ce ni na kira sunanta. An ce mutum ba ya iya wannan kallon sai in abin na cikin jininsa." Ta dube shi. "A garin nan aka yanke cibiyata. Yau ni ce mayya."

Rilwanu ya ce zai sa a daina tura fim ɗin.

"Ka bi wayoyin duniya ka goge? Kai ka ɓata ni a gaban mutane, a gabansu za ka gyara."

Kafin ya bar ƙauyen ya shiga gidan Falmata. Da ƙyar ta yarda ya goya ta da yarinyar zuwa gidan likita a Bande, inda aka ce zazzaɓin sauro ne, aka ba da magani. Da ya koma gida ya kasa cin tuwo. Hinda ta saurare shi har ya gama, sannan ta tashi ta ɗauko kwandon kayan aikinta.

"Sun ga fuskar ne, ba su ga hannun da ya yi ta ba. Mu je su gani."

Ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci, Maigari ya tara jama'a ƙarƙashin tsamiyar ƙofar gidansa. Rilwanu ya miƙe ya ce shi ya ƙirƙiri labarin, shi ya sa kalmomin a bakin Inna, in akwai laifi nasa ne. Aka shimfiɗa tabarma Ɗela ta zauna. Hinda ta riƙa ɗaga kowane abu tana nunawa: ga toka, ga baƙin tukunya, ga rogo. Ta miƙa wa wani dattijo kwanon jinin, ya ɗanɗana ya ce sukari ya yi kaɗan. Wasu suka dara. Amma da aka gama yi wa Ɗela kwalliyar, ta ɗago kai, mata suka ja da baya, wata ta ce, "To ai ga shi nan, ita ce."

Maigari ya tuɓe hularsa ya zauna kan tabarmar.

"'Yata, yi mini irin nata."

Hinda ta fara. Maigari mutum ne mai faɗin fuska da giɓi, haƙoran rogon suka zauna masa daram. Ya miƙe ya zare ido, ya kira limamin garin da wata irin murya mai rawa. Liman ya ce, "Ranka ya daɗe, ni dai ba zan amsa ba." Wurin ya kaure da dariya. Ɗela ta cire nata haƙoran ta tauna ta haɗiye, ta ce ba a ɓarnar abinci.

Ba kowa ya sauko a ranar ba. Akwai gidan da ya shekara bai sayi manta ba. Amma da yarinyar ta warke, Falmata da kanta ta shigo da kwalba, ta tsaya a bakin ƙofa tana murza gefen zane. Ɗela ta cika mata, ba ta tada maganar ba.

Rilwanu ya ƙi yi wa ɗan kasuwar Kano kashi na biyu. Maimakon haka ya rubuta labarin wata tsohuwa da gari ya juya wa baya, inda abin tsoron ba ya cikin gona, yana cikin raɗe-raɗin mutane. Ya kai wa Ɗela, ta sa ya karanta mata har ƙarshe, ta gyara masa wurare da dama, sannan ta ce za ta yi. Rabin mutanen ƙauyen suka fito a ciki, har da Falmata.

Aka gayyaci fim ɗin wani taron masu shirya finafinai a Yamai. Ɗela ba ta taɓa wuce Damagaram ba, amma ta ce da ita za a je. Ranar tafiya amalanke ya kawo ta tashar Magariya da jarkar mai da buhun ƙuli-ƙuli.

"Inna, wannan kayan fa?" in ji Rilwanu.

"An ce mutane da yawa za su taru. In sun gama jin tsoro ai yunwa za su ji."

Hinda ta matsa mata wuri kusa da taga, Rilwanu ya ɗora jarkar bisa mota ya ɗaure ta da kyau.